Fiza: Daga Lungunan Napoli Zuwa Hannun Baƙi

A titin Via dei Tribunali da ke birnin Napoli a ƙasar Italiya, kullum za ka ga ayarin baƙi na bin ɗan jagora shago-shago, suna ɗanɗana fiza a tsaye. Kuɗi suke biya a zagaya da su. Abin da suke layi a kansa kuwa, shekara 200 da suka wuce masu hali raina shi suke yi.

Fiza tun asali abincin talaka ce, wanda ɗakinsa ko murhu babu. 'Yan talla ke yawo da ita lungu-lungu, a yanka maka daidai kuɗinka. Shi kansa tumatir ɗin da ake shafa mata baƙo ne. Daga nahiyar Amurka ya shigo Turai a ƙarni na 16, aka daɗe ana zargin guba ne.

'Yan jagora sun fi son labarin 1889, wai Raffaele Esposito ya gasa wa Sarauniya Margherita fiza mai launin tutar Italiya. Masana tarihi na da ja a kansa. Ni labarin soyayyar fiza ya fi kama ni. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu, lokacin da itacen gashi ya yi tsada, mata suka riƙa soya ta a ƙofar gida, ka ci yau, ka biya bayan kwana 8.

A 2017 UNESCO ta sanya sana'ar masu gashin fizar Napoli cikin al'adun duniya da ake karewa. Har yau ana ninke ta gida huɗu a takarda, a miƙo maka ka ci kana tafiya.