Ilmin Zaman Jama'a a Zariya: Daga Ofishin En'e zuwa Gonar Talaka

Sa'ad da aka buɗe Jami'ar Ahmadu Bello ran 4 ga Oktoba, 1962, ba a fili fetal aka kafa ta ba. Ta gaji makarantar horar da akawuna da ke Kongo, wadda aka fara a ƙarshen shekarun 1940, ta kuma gaji tashar binciken aikin gona ta Samaru, wadda Turawa suka kafa tun shekarun 1920. Watau tun farko ilmin zaman jama'a a Arewa ya tashi ne da manufar samar wa hukuma ma'aikata: akawu, da ma'aji, da alƙali, da jami'in mulki. Ɗan ƙasar Gumel da ya samu zuwa Kongo a wancan zamani, abin da ake bukata gare shi shi ne ya komo ya iya riƙe littafin haraji da na jangali, ba ya tambayi dalilin haraji ba.

Canji na farko daga wajen masana tattalin arzikin noma ya ɓullo. A tsakiyar shekarun 1960 aka kafa wani sashe na binciken tattalin arzikin karkara a Samaru, a ƙarƙashin David Norman. Maimakon su tsaya a gonar gwaji, sai suka shiga ƙauyuka uku na ƙasar Zazzau, watau Hanwa da Doka da Ɗan Mahawayi, suna bin magidanta shekara guda cur, suna rubuta awoyin aiki, da abin da aka shuka, da abin da aka girbe. A lokacin malaman gona suna ganin haɗa gero da dawa da wake a gona ɗaya jahilci ne kurum. Binciken ya nuna akasin haka. Manomi mai haɗa shuka yakan fi samun amfani daga ƙarfin da ya zuba a lokacin da aiki ya fi matsewa, watau lokacin noman farko, sa'an nan in ruwa ya ɗauke wa wani iri, wani ya tsira. Duk wanda ya san jigawar Gagarawa ko Sule Tankarkar, inda damina gajeriya ce, ba zai yi mamakin wannan ba. Abin lura dai shi ne a nan jami'a ta yarda cewa talaka yana da lissafi, kuma daga irin wannan aiki ne nazarin tsarin noman ƙananan manoma ya yaɗu zuwa wasu ƙasashe.

Canji na biyu daga Sashen Tarihi ya zo. Abdullahi Smith, wanda ya kafa sashen, ya kuma kafa Gidan Arewa a Kaduna a 1970, ya nace a kan komawa ga rubuce-rubucen malaman ƙasa da bakin dattawa. Ɗalibinsa Yusufu Bala Usman, a littafinsa kan Katsina wanda ya fito a 1981, ya ƙi amincewa da cewa ƙabila ce mabuɗin tarihi. Ya mai da hankali ga ƙasa, da sana'a, da hijira, da mulki. A Sashen Nazarin Zaman Jama'a kuwa akwai Patrick Wilmot, mutumin Jamaika, wanda ya shahara da sukar mulkin wariyar launin fata na Afirka ta Kudu da masu hulɗa da shi.

Wannan ilmi bai tsaya a aji ba, kuma ba zai yiwu ya tsaya ba, domin zaman jami'ar kansa darasi ne. Manyan malamai suna gidajen ma'aikata masu itatuwa da famfo, ɗalibai suna ɗakunan kwana irin su Ribadu da Sulaiman da Amina, su kuwa masinjoji da kuku da leburori suna hayin titi a garin Samaru. Ɗalibin da aka koya wa bambancin mai shi da marar shi da safe, da yamma yana ganinsa da ido a bakin ƙofa. Bala Usman ma ya bar aji na ɗan lokaci, ya zama Sakataren Gwamnatin Jihar Kaduna a mulkin PRP.

An biya farashi mai tsada. A 1978 aka harbe ɗalibai a Zariya lokacin zanga-zangar ƙarin kuɗin abinci da masauki. Ran 23 ga Mayu, 1986, aka sāke zubar da jini a Samaru. Bayan binciken kwamitin Manjo Janar Emmanuel Abisoye, zargin da ya fi yawo shi ne wai wasu malamai suna koyar da abin da ba shi aka ɗauke su koyarwa ba. Zargi ne mai ban takaici, gama ba a ga yadda za a koyar da ilmin mulki ba tare da an taɓa masu mulki ba. A 1988 gwamnatin Janar Babangida ta kori Wilmot daga ƙasar.

Jihar Jigawa, wadda aka ƙirƙira a 1991, ta samu jami'ar tarayya a Dutse a 2011, da ta jiha a Kafin Hausa a 2013. Abin nazari kuwa yana kusa da su: shanun da ke ƙetarowa daga Nijar zuwa kasuwar Maigatari kowace Alhamis, da riɗi da zoɓon da ke barin ƙasar Gumel zuwa ƙetare, da takaddamar da ta taso a Gagarawa bayan an ware filayen manoma domin gonar rake. Wannan ta ƙarshe tana bukatar irin ƙirgar da aka yi a Doka, gida gida: gona nawa aka karɓa, buhu nawa take bayarwa a da, nawa aka biya diyya, da kuma sana'ar da mai gonar ya koma.