Daga Ƙofa Zuwa Ɓaraka: Tarihin Tsagewar Duniya a Labaran Al'ajabi na Turawa

2.1 Gabatarwa

A wannan babi za a bi diddigin wani jigo da ya daɗe yana fitowa a ƙagaggun labaran al'ajabi na Turawa, wato buɗewar wata kafa tsakanin duniyar mutane da wata duniyar da marubuci ya ƙirƙira. Abin da babin yake son tabbatarwa shi ne, kafar da ta fara a matsayin ƙofa, wadda yaro kan shiga ya sha kallo ya dawo gida lafiya, ta rikiɗe sannu a hankali ta zama ɓarakar da ɗan'adam ya yi da hannunsa, wadda kuma ba ta ɗinkuwa sai an yi hasara.

2.2 Zamanin Ƙofa

A shekarar 1865 ne Lewis Carroll, wani malamin lissafi a Jami'ar Oxford da ke Ingila, ya fitar da Alice's Adventures in Wonderland, inda yarinya ta bi zomo ta faɗa rami, ta tsinci kanta a ƙasar abubuwan mamaki. A littafi na biyu, wanda ya fito a 1871, ta cikin madubi ta wuce. A duka biyun labarin ya ƙare da farkawa daga mafarki.

Haka abin yake a The Lion, the Witch and the Wardrobe na C. S. Lewis, wanda aka buga a 1950. Wasu yara huɗu 'yan gida ɗaya, da aka kwashe daga Landan saboda ruwan bama-bamai na Yaƙin Duniya na Biyu, sun shiga ƙasar Narnia ta cikin kabad ɗin tufafi. Sun yi shekaru suna sarauta a can, amma da suka dawo sai suka tarar da kansu yara kamar yadda suka tafi. Abin lura a nan shi ne, ƙofar ba ta cutar da ko ɗaya daga duniyoyin biyu ba.

2.3 Shigowar Hannun Mutum

Canji ya fara bayyana a hannun shi Lewis ɗin a 1955, cikin The Magician's Nephew. A nan wani matsafi mai son kai ne ya ƙera zobban da ke kai mutum wasu duniyoyi, kuma ta hanyarsu ne muguwar sarauniya Jadis ta shiga Narnia tun ranar da aka halicce ta. Ita Jadis ta riga ta hallaka duk mai rai a tata duniyar da kalma guda ɗaya. Idan aka tuna cewa littafin ya fito shekara 10 bayan jefa bam ɗin nukiliya a Hiroshima a 1945, za a fahimci dalilin da ya sa manazarta da dama suke danganta wannan kalma da makamin ƙare dangi.

A 1982 kuma Ba'amurke Raymond Feist ya fitar da Magician. Matsafan duniyar Kelewan, wadda take fama da ƙarancin ƙarfe, sun tsaga hanya zuwa duniyar Midkemia, sojojinsu suka kwararo, aka yi shekaru ana yaƙi. Kafar ta zama hanyar mamaya da kwasar arzikin wasu, wato dai irin abin da tarihin mulkin mallaka ya saba da shi.

2.4 Zamanin Ɓaraka

A 1985 masanan kimiyya na Birtaniya da ke aiki a Antaktika, can ƙuryar kudancin duniya, suka sanar cewa rufin iskar ozon, mai tare mugun hasken rana, ya yi siranta ƙwarai a saman yankin. Sinadaran da ake sa wa firiji da gwangwanin feshi ne musabbabi, har ƙasashe suka ƙulla yarjejeniyar Montreal a 1987 don rage su. Tun daga nan zancen hujewar sama ya shiga bakin jama'a.

Shekara 10 bayan haka Philip Pullman ya fara jerin littattafansa uku, His Dark Materials, waɗanda suka fito a 1995 da 1997 da 2000. A duniyar tauraruwar labarin, Lyra, kurwar kowane mutum tana tafe tare da shi a siffar dabba. Mahaifinta, Lord Asriel, ya raba wani yaro mai suna Roger da kurwarsa, yaron ya mutu, ƙarfin da ya fito daga wannan ta'asa ya tsaga sama. Daga nan yanayi ya birkice, hazo ya mamaye arewa, ƙanƙara ta soma narkewa. Har ila yau akwai wata wuƙa mai yanka taga zuwa wasu duniyoyi, amma duk yanka ɗaya yana haifar da fatalwa mai cinye kurwar manya. A ƙarshe dole aka rufe tagogin, aka bar guda ɗaya domin matattu, Lyra da masoyinta Will suka rabu har abada, kowa a duniyarsa.

Jigon ya tsallaka zuwa wasannin kwamfuta. A Dragon Age: Inquisition, wanda kamfanin BioWare na Kanada ya fitar a 2014, fashewar da ta auku a wurin taron sulhu ta yaga labulen da ke tsakanin mutane da aljanu, kuma wani tsohon matsafi mai neman ya zama abin bauta ne ya haddasa ta. Babban aikin da aka ɗora wa mai wasan shi ne ya bi tsagogin ya ɗinke.

2.5 Kammalawa

A taƙaice, cikin shekara 149, daga 1865 zuwa 2014, tambayar da labaran suke yi ta canja. Carroll ya damu da abin da ke bayan ƙofa, su Pullman kuwa sun damu da wanda ya yi ɓarnar da kuma wanda zai biya. A mafi yawan misalan da aka kawo, babba mai ilimi da iko ne yake yagawa, yara ko talakawa su ɗauki nauyin ɗinki. A babi na gaba za a dubi yadda waɗannan marubuta suka gina halayen masu yin ɓarakar.