Tarihin Majigi: Nishaɗi Ko Wata Manufa?

Wani manomi daga Kalgo ya aiko mana takarda, ya ce gardama ta sarƙe tsakaninsa da abokinsa ɗan kasuwa a Gwandu, jihar Kebbi. Shi yana cewa majigin da aka riƙa nuna wa iyayensu zamanin Turawa don nishaɗi ne kawai, abokin kuwa ya ce da walakin. Suna so mu raba su.

To Malam, ita kalmar majigi daga Turancin "majik lantan" aka aro ta, wato fitilar siddabaru. Wani Baturen kiwon lafiya a Legas, William Sellers, shi ya fara a 1929, da fim kan ɓeraye da annoba. Da Yaƙin Duniya na Biyu ya ɓarke a 1939, sai gwamnatin Ingila ta buɗe ofishi a Landan na shirya wa ƙasashen da take mulka finafinai, ta ɗora shi a kai. An rufe ofishin a 1955.

Finafinan gajeru ne, akasarinsu babu magana. Sellers ya ɗauka mutanen karkara ba za su gane fim mai sauri ba, abin da mu dai muke ganin raini ne. Saboda haka sai a tsaida hoto ɗaya ya daɗe, hoton ya ba da labari da kansa. Mota ce ke zagaya garuruwa da injin wuta, ƙarƙashin kulawar En'e, a kafa farin allo a fili in dare ya yi, tafinta yana bayani da Hausa ta lasifika. Lokacin Gwandu da Kalgo suna lardin Sakkwato.

Salon da suka fi so shi ne mai wayo da wawa: manomi ɗaya ya bi shawarar malamin gona ya samu, ɗayan ya ƙi ya tashi a tutar babu. A nan fa abokinka ya fi ka kusa da gaskiya. An koyar da tsabta da riga-kafi, ba mu musa ba, amma gyaɗa da audugar da ake kwaɗaitar da ku nomawa masana'antun Ingila ne ke jiran su.

Daga baya gwamnatin Jihar Arewa ta ci gaba da majigi, har aka yi Baban Larai, na noman auduga. Tambayi dattawan Kalgo, da wuya a rasa wanda ya gan shi.