2.3 Aikin Garki da Nazarin Ɗabi'ar Sauro ta Hanyar Gwaji (1969-1976)

Hanyar gwaji ita ce a raba abin da ake nazari gida biyu, a yi wa kashi ɗaya wani abu, a bar ɗaya yadda yake, sannan a kwatanta sakamako. A ƙasar Hausa an jarraba wannan hanya a gundumar Garki, wadda take cikin Jihar Kano kafin a ƙirƙiro Jihar Jigawa a 1991.

Gwamnatin Nijeriya da Hukumar Lafiya ta Duniya ne suka gudanar da aikin daga 1969 zuwa 1976, domin a gano ko za a iya katse yaɗuwar zazzaɓin cizon sauro. Daga 1970 zuwa 1972 ba a ba da maganin gwajin ba, an tsaya ne ga auna jinin mutane da ƙirga sauro. Ma'aikata sukan kwana suna kama sauron da ya sauka a jikin mutum, da safe kuma a tattara wanda ya maƙale a ɗaka. A 1972 da 1973 aka fesa maganin propoxur a ɗakunan ƙauyuka 164. A wasu daga cikinsu an haɗa da raba wa jama'a ƙwayoyin magani, wasu ƙauyukan kuwa aka bar su ba feshi domin su zama ma'auni.

Kamar yadda Molineaux da Gramiccia suka bayyana a littafinsu na 1980, cutar ta ragu ƙwarai inda aka haɗa feshi da ƙwayoyi, amma ba ta yanke ba, kuma da aka daina sai ta dawo. Babban dalili shi ne ɗabi'ar sauron. Wani kashi nasa yakan sha jini ya fice waje ya huta, don haka maganin da ke jikin bango ba ya taɓa shi. Haka nan ba kowane zagaye ake samun duk mutanen ƙauye ba, saboda tafiye-tafiye.

Wannan sakamako ya shafi kudancin Kano kai tsaye. Madatsar ruwa ta Tiga da aka kammala a 1974 ta kawo noman rani, ruwa ya riƙa kwanciya har bayan damina. Ke nan duk shirin yaƙi da sauro a Bebeji ko Kiru ko Tudun Wada sai ya fara da sanin inda sauron yankin yake hutawa da lokacin da yake cizo.