Kasimu Yero da 'Yan Wasan Talabijin na Kaduna

Ranar 3 ga Satumba 2017 Allah ya yi wa Kasimu Yero rasuwa a Kaduna, yana da shekara 70. Dattawa da masu matsakaicin shekaru sun yi ta jimami, suna ambaton Karambana da Magana Jari Ce da Uncle Gaga, amma matasa da yawa da suka tashi da finafinan Kano sai da suka tambaya ko wane ne. Wannan tambaya abin damuwa ce, domin ta nuna yadda ake ba da tarihin wasan kwaikwayon Hausa na allo a yanzu: a fara daga Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990, a bi ta kan sunan Kannywood da ya fito a ƙarshen shekarun 1990, sai a ce ga mafari. Alhali kusan shekara talatin kafin Turmin Danya ana haska fuskokin 'yan wasa a Kaduna. Sana'ar tsayawa gaban kyamara a yi magana da Hausa a nan ta yi wayo, kuma abin da ya sa ake neman mantawa da mutanenta shi ne rashin adana aikinsu.

Gidan Rediyo da Talabijin na Kaduna, wanda aka fi sani da RTK, ya fara aiki a watan Maris na 1962, zamanin Firimiya Sir Ahmadu Bello. Gwamnatin Jihar Arewa ce ta kafa shi tare da kamfanoni biyu na Ingila, EMI da Granada. A shekarun farko an cika lokaci da shirye-shiryen da aka sayo daga waje, amma gidan yana da abin da kamfanonin Ingila ba za su iya kawo masa ba, wato ma'aikata da masu sha'awa da suka goge a wasan kwaikwayon rediyo da na dandamali a makarantu. Da gwamnatin tarayya ta haɗe gidajen talabijin a ƙarƙashin NTA a 1977, sai ƙofa ta buɗe wa ɗan wasan Kaduna ya bayyana a Legas da Inugu da Ibadan. Kasimu Yero, haifaffen Zariya, yana cikin waɗanda suka fi cin moriyar wannan ƙofa. A Cock Crow at Dawn, wasan Turanci da aka shirya a yankin Jos a farkon shekarun 1980 don jan hankalin jama'a ga noma, ya fito a matsayin Uncle Gaga tare da George Menta da Ene Oloja da Sadiq Daba, har mutanen kudu da ba su jin ko "sannu" suka riƙe sunan Gaga. A gida kuma ga shi a Karambana, mai shiga sharo ba shanu, ga shi a wasan da aka ɗauko daga Magana Jari Ce na Abubakar Imam. Mutum guda ya riƙe masu kallo da harsuna biyu, a barkwanci da kuma a wasan da ba na dariya ba, kuma a yau ma 'yan wasan da za su iya haka ba su da yawa.

Ba shi kaɗai ba ne. Usman Baba Pategi, Samanja Mazan Fama, wanda ya rasu a Kaduna a watan Nuwamba 2023, Banufe ne daga Pategi, tsohon soja. Wanda ya taɓa ganinsa ba zai manta ba: kaki a jiki, gashin baki a murɗe, ido a zare, yana daka wa kurata tsawa da Hausar bariki gauraye da Turancin da bai nuna ba, sannan ya koma gida a juya shi kamar waina. Dariya ake yi, amma a cikin dariyar farar hula suna leƙa rayuwar soja a shekarun da soja ke mulkin ƙasa, kuma suna ganin cewa mai bindigar nan shi ma yana da bashi da rigimar gida. Irin wannan wasa garin Kaduna ne ya haife shi, garin bariki da ma'aikata da masaƙu, inda Hausa ta zama harshen Banufe da Bajju da Bayarabe da Tibi.

Akwai masu cewa duk wannan farfagandar gwamnati ce, tunda gidan na gwamnati ne kuma wasannin cike suke da saƙon noma da tsafta da zaman lafiya. Gaskiya ne akwai saƙo, kuma akwai iyakar da ɗan wasa ba ya tsallakewa a gidan hukuma. Sai dai sanarwar gwamnati ba ta sa yara su laƙaba wa juna sunan Samanja ko Karambana a unguwa. Abin da ya zauna a zukatan mutane shi ne halin da ɗan wasan ya gina da muryarsa da tafiyarsa da kallonsa, kuma wannan aikinsa ne shi da kansa. Wasu kuma kan ce ai masu talabijin a lokacin 'yan tsiraru ne. Wanda ya faɗi haka ya ƙidaya akwatuna ya bar mutane, domin akwati guda a tsakar gida a Unguwar Shanu ko Unguwar Kanawa yakan tara yaran layi gaba ɗaya a kan tabarma, wasu suna leƙe ta taga, ga kuma gidajen kallo na jama'a da hukumomi suka buɗe.

Hujjar da ta fi ƙarfi ita ce ta masu cewa ɓacewar tsofaffin shirye-shirye ba a kanmu aka fara ba. Kaset yana da tsada a wancan zamani, gidajen talabijin a duniya sukan goge wani shiri su ɗauki sabo a kai, kuma BBC kanta ta yi haka a shekarun 1960 da 1970. Haka ne, amma a dubi abin da ya biyo baya. Turawan Ingila sun bazama duniya neman abin da suka rasa, har a 2013 aka sanar cewa wani mai bincike, Philip Morris, ya gano kashi 9 na wasan Doctor Who da suka ɓace, na shekarun 1967 da 1968, a ajiye a wani gidan talabijin a Jos. Aka kai su Ingila, aka gyara, aka sayar. Saboda irin wannan himma, ɗan wasan Ingila da ya fito a ƙaramin matsayi shekara hamsin da suka wuce yana da sunansa a rubuce, da ranar da aka haska shi, da hoton fuskarsa. Mu kuwa manyan taurarinmu ma guntaye ne nasu ke yawo a YouTube, hoto dishi-dishi, ba kwanan wata, ba sunayen waɗanda suka fito tare da su. Abin takaici ne a ce ɗakin ajiya a Arewacin Najeriya ya tsare wa Ingila tarihinta alhali namu yana watse.

Kuma gyaran mai yiwuwa ne, an ma taɓa yi. Fim ɗin Shaihu Umar, wanda Adamu Halilu ya shirya a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Balewa, an daɗe ana ɗauka ya salwanta, sai aka gano faya-fayansa, cibiyar Arsenal ta Jamus ta taimaka aka gyara shi, aka nuna shi a bikin finafinai na Berlin a 2018. Kaduna ba ta rasa wuraren da za su ɗauki irin wannan aiki ba. Ga NTA Kaduna da Rediyon Najeriya Kaduna, ga Gidan Adana Kayan Tarihi na Ƙasa, ga Gidan Arewa na Jami'ar Ahmadu Bello a tsohon gidan Sardauna. Abin da ake buƙata shi ne a tattara duk kaset ɗin da ya rage, na ofis da na hannun iyalai, a mayar da shi na kwamfuta kafin zafi da ƙura su gama da shi, a kuma zauna da sauran 'yan wasa da masu ɗaukar hoto da daraktocin wancan zamani a naɗi bayaninsu. Kasimu Yero ya tafi, Sadiq Daba ya bi shi a 2021, Samanja a 2023. Muna kira ga waɗannan hukumomi da manyan Kannywood da su fara aikin nan tun da sauran masu ba da labari a raye.