Makkar 1928 a Idon Kyamara



A shekarar 1928 wani mai ɗaukar fim ɗan ƙasar da a yau ake kira Indunusiya, a lokacin tana hannun Turawan Holan, ya shiga jirgin ruwa tare da maniyyata. Sunansa George Krugers, kuma ba Musulmi ba ne. Ya yi shigar alhazai, ya bi su har Jidda, ya isa Makka da kyamararsa. A watan Nuwamba na wannan shekara aka haska fim ɗin a birnin Leiden na Holan, da sunan Het Groote Mekka-Feest, wato Babban Bikin Makka. Fim ne marar sauti, kuma ana lissafa shi cikin na farko-farko da suka ɗauki aikin Hajji.

Ba zan ɓoye maka ba, ya mai karatu, zuciyata ba ta natsu da yadda aka samo shi ba. Aya ta 28 a Suratu Tauba ita ce hujjar malamai wajen hana wanda ba Musulmi ba shiga Harami, shi kuwa da yaudara ya shiga. Amma ga abin da ke hana ni barci: raƙuman da suka ɗauki alhazai, da tantunan Arfa, da fuskokin bayin Allah da tuni ƙasa ta rufe idanunsu, ta hannun wannan mutumin muke ganinsu suna motsi. A wannan zamanin ne kakanninmu ke tafiya a ƙasa, su ratsa Cadi da Sudan, wasu su yi shekaru kafin su ga Bahar Maliya. Sun dawo da labari a baki, labarin kuma ya bi su kabari.

Makkar da Krugers ya tarar ba ta nan yanzu. A lokacin, tsakanin Safa da Marwa titi ne mai shaguna, mai sa'ayi na ratsa 'yan kasuwa, sai a faɗaɗawar da aka fara a 1955 aka killace wurin cikin ginin masallaci. Sansanin Ajyad, wanda aka gina a zamanin Daular Usmaniyya wajen 1780 a kan dutsen da ke kallon Ka'aba, an rushe shi a 2002, har gwamnatin Turkiyya ta yi ƙorafi. A wurinsa ne dogon benen agogo mai tsawon mita 601 yake tsaye.

Ban ce kada a faɗaɗa ba. Miliyoyin alhazai na buƙatar wurin tsayawa. Na kuma san tsoron malamai game da girmama gine-gine har a faɗa cikin shirka, tsoro ne mai tushe. Sai dai ɗaukar hoton gini kafin a rushe shi ba bauta masa ba ne, ajiye shaida ce. Muhammad Sadiƙ Bey, injiniyan sojan Masar, ya ɗauki hoton Madina tun 1861, da shi ake gane kamannin garin a wancan ƙarni.

Mu ma a gida haka take faruwa. An rushe Ƙofar Na'isa a Kano a 2010 don faɗaɗa titi. Tun daga lokacin nake tambayar abokaina ko wani cikinsu ya ɗauki tsohuwar ƙofar a bidiyo, har yau ban samu wanda ya ce mini e ba.

Wassalam.