Hukuncin da ya rasa mai zartarwa: rikicin gonakin Zimbabuwe

Laifin raina kotu shi ne sandar da alƙali yake riƙe da ita domin wanda ya ƙi bin umurninsa. Sai dai alƙali ba shi da kurkuku nasa na kansa, ƴan sandan gwamnati ne suke kama masa mai laifi. To, idan gwamnatin ce ta ƙi bin umurni fa? Tarihin rabon gonaki a Zimbabuwe ya ba da amsar wannan tambaya.

Asalin rikicin zalunci ne na gaske. Dokar rabon ƙasa ta 1930 ta keɓe wa Turawa ƴan tsiraru kusan rabin ƙasar, har da mafi albarkarta. Yarjejeniyar Lancaster House ta 1979, wadda ta kai ga ƴancin kai a 1980, ta ɗaure hannun sabuwar gwamnati shekara 10: ba za ta karɓi gonar da ake nomawa ba sai mai ita ya yarda ya sayar. Shekara 20 bayan ƴanci, manyan gonaki suna nan hannun Turawa kimanin 4.000.

A watan Fabrairu na 2000 gwamnatin Robert Mugabe ta sha kaye a ƙuri'ar raba gardama kan sabon tsarin mulki. Nan da nan tsofaffin mayaƙan ƴanci suka fara mamaye gonaki. A watan Maris babbar kotu ta umurci ƴan sanda su fitar da su. Shugaban ƴan sanda, Augustine Chihuri, ya nemi a ɗauke masa wannan nauyi, kotu ta ƙi, shi kuma bai motsa ba. A watan Afrilu kotu ta sami jagoran mayaƙan, Chenjerai Hunzvi, da laifin raina ta. A watan Yuni aka zaɓe shi ɗan majalisa. A Nuwamba mayaƙan suka kutsa cikin zauren kotun ƙoli. A Disamba kotun ta ce rabon ya saɓa wa doka, kuma a 2001 aka matsa wa alƙalin alƙalai Anthony Gubbay ya sauka. Kotun da aka sake wa zubi ta halatta rabon kafin shekarar ta ƙare. A 2005 aka gyara tsarin mulki, aka hana kotuna sauraron ƙara kan ƙwace gona.

Manomi Mike Campbell da wasu 77 suka garzaya kotun ƙungiyar SADC ta ƙasashen kudancin Afirka, a birnin Windhoek. Ranar 28 ga Nuwamba 2008 ta ba su gaskiya. A 2009 ta tabbatar Zimbabuwe ta ƙi bin hukuncin, ta kai maganar gaban taron shugabanni. Maimakon su tsawata wa ɗan'uwansu, shugabannin suka dakatar da kotun a 2010. Abin da ya yiwu kaɗai shi ne a Afirka ta Kudu, inda a 2015 aka yi gwanjon wani gidan gwamnatin Zimbabuwe a birnin Cape Town kan kuɗin shari'a. A 2020 gwamnatin Emmerson Mnangagwa ta sa hannu kan biyan diyyar dala miliyar 3 da rabi, ta gine-gine da ayyukan da aka yi a gonakin.

Iyalai da yawa sun sami gona, wannan ba a musunsa. Amma gyaran 2005 ya mai da ƙasar mallakar gwamnati, sababbin manoma suka yi shekaru suna riƙe da takardun izini waɗanda minista yake iya janyewa, bankuna kuma ba su karɓarsu jingina. Talakan da wani babba ya yi sha'awar gonarsa, kotun da aka koya wa kowa raina ta ita ce ta rage masa wurin kai kuka.